Glinciszki da Dubingiai: Wanda Ya Rama a Kan Yara Shi Ma Mai Kisa Ne

Duk lokacin da aka tayar da maganar abin da ya faru a arewacin birnin Vilnius na ƙasar Lituwaniya cikin watan Yunin 1944, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, abu ɗaya ke ci mini tuwo a ƙwarya. Ɗan Polan zai lissafo maka Polawa 39 da 'yan sandan Lituwaniya suka kashe a Glinciszki ranar 20 ga wata, ya kawo har shekarun yaran, sannan ya tsallake Dubingiai, inda mayaƙan Polan suka kashe Lituwaniyawa ranar 23, da kalma uku: "sai aka rama." Ɗan Lituwaniya kuma zai fara labarin daga ranar 23 ga wata, kamar ranar 20 ba ta cikin kalanda. Laifi tudu ne, kowa ya taka nasa yana hango na wani.

Matsayina a fili yake. Kisan Glinciszki laifin yaƙi ne, kisan Dubingiai ma laifin yaƙi ne, kuma na farkon bai rage wa na biyun ko ƙwayar zarra ba. Wanda ya ambaci ɗaya ya haɗiye ɗayan, rabin labari ya ba ka.

Yadda aka zo nan

Rigimar a kan birni ɗaya take. Lituwaniyawa suna kiransa Vilnius, tsohon babban birnin daularsu. Polawa suna kiransa Wilno, kuma su ne suka fi yawa a cikinsa: ƙidayar da gwamnatin Polan ta yi a 1931 ta ba su kusan kashi 66 cikin ɗari, Yahudawa kashi 28, Lituwaniyawa ƙasa da kashi ɗaya. A ƙauyukan arewa kuwa mutane a cakuɗe suke, har akwai waɗanda in ka tambaye su ƙabilarsu sai su ce su "'yan nan" ne kawai.

A watan Oktoban 1920 Janar Lucjan Żeligowski na Polan ya ƙwace birnin, a 1922 aka haɗe shi da Polan. Lituwaniya ta koma Kaunas tana kiransa babban birnin wucin gadi, ƙasashen biyu kuma ba su ƙulla hulɗar jakadanci ba sai 1938. A watan Oktoban 1939 Tarayyar Sobiyet, bayan ta ƙwace birnin daga Polan, ta miƙa shi ga Lituwaniya, kafin ƙarshen shekarar aka rufe jami'ar Polawa ta Stefan Batory. A 1940 Sobiyet ta haɗiye Lituwaniya kanta, a 1941 Jamusawa suka shigo.

Jamusawa sun bar ƙananan muƙamai da aikin 'yan sanda a hannun Lituwaniyawa. Polawa kuma suna da Armia Krajowa, wato AK, rundunar ɓoye mai biyayya ga gwamnatinsu ta gudun hijira a Landan. Duka ɓangarorin biyu 'yan Katolika ne, sau da yawa coci ɗaya suke shiga, suna jayayya a kan harshen da za a yi wa'azi da shi.

Kwana uku

A ranar 20 ga Yunin 1944 wani rukuni na Birged ta 5 ta AK, wadda Zygmunt Szendzielarz mai laƙabin Łupaszka ke jagoranta, ya yi arangama da 'yan sandan Lituwaniya a gandun Glinciszki, wanda Lituwaniyawa ke kira Glitiškės. 'Yan sanda huɗu suka mutu. Mayaƙan AK suka koma daji.

A ranar ce abokan aikin mamatan daga Bataliya ta 258, waɗanda ke da sansani a Paberžė, suka iso ƙarƙashin Laftanar Petras Polekauskas. Ba su tarar da masu bindiga ba, sai ma'aikatan gandu da iyalansu. Suka tara su suka harbe. Mutum 39 ne, ciki har da mata 12 da yara 11, ɗaya daga cikin matan tana da juna biyu. Har manajan gandun, Władysław Komar, bai tsira ba. Ɗansa mai irin sunansa, wanda yake shekara huɗu a lokacin, shi ne ya ci wa Polan zinariya a jifan ƙwallon ƙarfe a wasannin Olamfik na Munich a 1972.

Bayan kwana uku, ranar 23 ga Yuni, Birged ta 5 ta ƙetara tsohuwar iyakar da ta raba ƙasashen biyu kafin yaƙi, ta faɗa Dubingiai, ƙaramin gari a bakin tafkin Asveja, wanda Polawa ke kira Dubinki. A garin kansa an kashe tsakanin mutum 20 da 27. Farmakin bai tsaya nan ba, ya ci gaba kwanaki a ƙauyukan kewaye. Paweł Rokicki, masanin tarihi a Cibiyar Tunawa ta Ƙasa ta Polan, wato IPN, ya bi sunayen ɗaya bayan ɗaya a binciken da aka buga a 2015, ya samu aƙalla mutum 68, kusan kashi uku cikin huɗu mata da yara. Ɗan Polan ne, a hukumar gwamnatin Polan yake aiki, kuma ya kira abin da sunansa: laifin yaƙi.

"Ai su suka fara"

Wannan ce hujjar da aka fi ji, kuma ita ce mafi rauni. Su wa? Polekauskas da mutanensa ne suka yi kisan Glinciszki. Suna da sunaye, suna da bariki, suna da kaki. Jaririn da aka harbe a Dubingiai bai taɓa jin sunan Glinciszki ba.

A ɗauka ɗan maƙwabcinka ya ƙone maka rumbu. Ka neme shi ba ka same shi ba, sai ka je ƙauyen kakanninsa ka cinna wa rumbun wata tsohuwa wuta don yarensu ɗaya. Babu alƙalin da zai ce an yi kunnen doki. Rumbu biyu aka ƙone, masu laifi biyu ne za su gurfana.

Kuma in aka ce a bi zaren wanda ya fara, ba ya ƙarewa. 'Yan sandan Bataliya ta 258 ma ramuwa suka ce suna yi, don an kashe musu mutum huɗu. AK za ta ce ta kashe huɗun ne saboda suna yi wa mamaya aiki. Lituwaniyawa za su koma 1920, Polawa su koma kan wanda ya fi yawa a birnin. Kowane mai kisa a wannan labari ya ɗauki kansa mai ramuwa. Bahaushe ya ce ramuwar gayya ta fi ta gayya zafi, kuma lissafin ya nuna haka: huɗu suka jawo 39, su kuma 39 suka jawo 68.

Dokar yaƙi ma ba ta bar ƙofa ba. Sashe na 50 na ƙa'idojin Hague na 1907 ya hana a hukunta al'umma gaba ɗaya a kan abin da wasu ɗaiɗaiku suka aikata. Yarjejeniyar Geneva ta huɗu ta 1949, a sashe na 33, ta zo ta ƙara fayyace haramcin ramuwa a kan fararen hula. Amma ba ma sai an je Hague ba. Kwamandan AK na yankin Vilnius, Aleksander Krzyżanowski mai laƙabin Wilk, ya fitar da umarni a ranar 12 ga Afrilun 1944 yana hana ɗaukar fansa a kan fararen hular Lituwaniya. Abin da aka yi a Dubingiai ya saɓa wa dokar rundunar da ta aikata shi.

"Ba a haɗa giwa da kiyashi"

Wannan hujja tana da nauyi, kuma ba zan yi mata riƙon sakainar kashi ba. Masu ita suna cewa bai dace a jera AK, wadda ke yaƙar Hitler, da 'yan sandan da ke cin albashin Hitler a sahu ɗaya ba.

Gaskiya ne ma'aunin bai yi daidai ba. A Paneriai, wanda Polawa ke kira Ponary, dajin da ke gefen Vilnius, an harbe mutane kusan 100,000 daga 1941 zuwa 1944. Kimanin 70,000 Yahudawa ne, sauran fursunonin yaƙin Sobiyet da Polawa, ciki har da malamai, limaman coci da 'yan gwagwarmayar ɓoye. Yawancin masu harbin 'yan sa-kai ne na Lituwaniya a rukunin Ypatingasis būrys, ƙarƙashin 'yan sandan tsaron Jamus. A watan Mayun 1942, bayan 'yan sari-ka-noƙen Sobiyet sun kashe jami'an Jamus kusa da Švenčionys, 'yan sandan Lituwaniya sun harbe ɗaruruwan mutanen yankin, akasarinsu Polawa. 'Yan sandan ciki na Lituwaniya, wato Saugumas, kuma sun sha farautar 'yan AK suna miƙa wa Gestapo, 'yan sandan ciki na Jamus.

A ɗaya ɓangaren, masanin tarihin Lituwaniya Arūnas Bubnys ya ƙiyasta cewa AK ta kashe Lituwaniyawa kusan 500 a tsawon yaƙin. Ba wanda zai ce 500 daidai yake da ramukan Paneriai.

To amma tambaya biyu ce ake cakuɗawa. Ɗaya: wane ɓangare ne ya fi zubar da jini, kuma wa ya yi wa mamaya hidima? Amsar a bayyane take. Ta biyu: harbe uwa da 'ya'yanta a cikin ɗakinsu laifi ne ko ba laifi ba? Amsar tambaya ta farko ba ta taɓa ta biyu. Hasali ma, rundunar da ke alfahari da cewa ita sojan ƙasa ce mai tsari, mai kotun soja da kwamandoji, ita ce ya fi kamata a riƙe da ƙa'ida.

Akwai ma shaidar cewa AK ta san wata hanyar. A daren 13 zuwa 14 ga Mayun 1944, a Murowana Oszmianka, ta fatattaki sojojin Vietinė rinktinė, rundunar Lituwaniyawa da Janar Povilas Plechavičius ya kafa da izinin Jamusawa. Wasu rukunonin wannan runduna sun riga sun kashe ƙauyawa Polawa a yankin. Duk da haka AK ta ƙwace makaman fursunonin, ta tuɓe musu kaki, ta sake su da kayan ciki. Wulaƙanci ne, amma sun tafi da ransu. In an iya sakin mai bindiga a watan Mayu, me ya hana a bar mai goyo a watan Yuni?

Inda irin wannan aiki ke lalacewa

Masu kare farmakin sukan ce iyalan 'yan sanda da waɗanda aka zaunar a gonakin Polawa aka nufa, ba kowa da kowa ba. Ko da haka ne, matar ɗan sanda ba 'yar sanda ba ce. Amma a duba yadda abin ke gudana a aikace, don a nan ne za a ga cewa babu ramuwa mai tsabta.

Da farko, waɗanda suka yi laifin ba sa nan. Mai bindiga yana bariki ko ya gudu. Wanda ake tararwa a gida da safe shi ne wanda ba zai iya gudu ba: tsoho, mace, yaro. Shi ya sa a duka wuraren biyu mata da yara suka yi yawa a cikin gawarwaki. Kowane hari a kan ƙauye haka yake ƙarewa.

Sai matsalar gane wane ne wane. Manomin Dubingiai da na Glinciszki kamarsu ɗaya, suturarsu ɗaya, addininsu ɗaya, da yawa suna jin harsunan biyu, ga auratayya. An ruwaito cewa maharan sun riƙa duba littafin addu'a da ke gida: in da Lituwaniyanci aka rubuta shi, an samu wanda ake nema. Ran mutum ya rataya a kan littafin da wataƙila na kakarsa ne.

Sannan umarni ba ya tafiya da sauri kamar fushi. Rundunar ɓoye ba ta da waya a kowane daji, ɗan aike take turawa a kan doki ko keke. Hedikwatar AK ta aika a dakatar da farmakin, saƙon bai iso a kan lokaci ba. Tsakanin kisan farko da na biyu kwana uku ne kacal, kuma mayaƙan sun ga gawarwakin Glinciszki da idonsu. Kwamandan da ya tura mutanen da suka ga wannan zuwa ƙauyen ɗaya ƙabilar ya san abin da zai biyo baya. Ba a rama gayya da fushi.

"Amma ai ta yi magani"

Wasu suna cewa bayan Dubingiai 'yan sandan Lituwaniya sun shiga taitayinsu, don haka jinin 68 ya ceci wasu. Ba yadda za a gwada wannan. A ranakun nan ne, 22 da 23 ga Yuni, sojojin Sobiyet suka buɗe farmakin Bagration a Belarus. A ranar 13 ga Yuli Vilnius ta faɗa hannunsu. Bataliyoyin 'yan sandan suna ta kansu, suna ja da baya tare da Jamusawa. Shirun da ya biyo baya na mutanen da ke haɗa kaya ne.

Abin da ya zo bayan nan kuwa bai tambayi wanda ya ci gardamar ba. A ranar 17 ga Yuli 'yan sandan ciki na Sobiyet, wato NKVD, suka kama Wilk bayan sun gayyace shi taro. Cikin shekaru biyu da suka biyo baya Polawa sama da 150,000 suka bar Lituwaniya zuwa sabuwar Polan. Lituwaniyawa sama da 100,000 kuma aka kwashe zuwa Siberiya da sauran wurare masu nisa kafin mutuwar Stalin a 1953.

Batun Łupaszka

A nan ne maganar ke da zafi a Polan. Szendzielarz ya yaƙi Jamusawa. Ya san halin Sobiyet tun Agustan 1943, lokacin da 'yan sari-ka-noƙensu suka gayyaci Antoni Burzyński, mai laƙabin Kmicic, tattaunawa kusa da tafkin Narocz, suka kashe shi da gomman mutanensa. Daga ragowar wannan rukuni aka gina Birged ta 5. Bayan yaƙi ya ci gaba da yaƙar gwamnatin kwaminis, aka kama shi, aka harbe shi a kurkukun Mokotów na Warsaw ranar 8 ga Fabrairun 1951, aka binne shi a ɓoye. A 2013 aka gano ƙasusuwansa, ranar 24 ga Afrilun 2016 aka yi masa jana'izar ban girma, shugaban Polan na lokacin, Andrzej Duda, yana wurin.

Ban ga laifin tono shi daga ramin da ba alama a ba shi kabari ba. Shari'ar da kwaminis suka yi masa ta bogi ce, kowane mamaci kuma yana da haƙƙin kabari mai suna. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a rubuta tarihinsa a bango ko a littafin makaranta a tsallake 23 ga Yuni. Zaluncin da aka yi masa a 1951 bai koma baya ya wanke 1944 ba. Mutum ɗaya ne aka zalunta a Mokotów, shi ne kuma kwamandan birged ɗin da ta shiga Dubingiai.

Akan ce faɗin haka yana ba wa farfagandar Rasha makami. Ni a ganina akasin haka ne. Abin da ka ɓoye shi abokin gaba ke yi maka barazana da shi. Tunda IPN da kanta ta buga sunaye 68, ba wani sirri da ya rage da za a tona. Gyara kayanka bai zama sauke mu raba ba.

Nasu kason

Kada Lituwaniyawa su ɗauka maganar ta ƙare a kan Polawa. Suna da dabaru biyu na kauce wa nasu.

Ta farko ita ce "Jamusawa ne suka sa mu." A Glinciszki hafsan da ke wurin ɗan Lituwaniya ne, masu harbin ma haka, gandun kuma yana ƙarƙashin hukumar gonaki ta Jamusawa, wato ma'aikatan da ke noma wa Jamus abinci aka kashe. Ko a inda umarnin ya fito daga Bajamushe, kamar Paneriai, yatsan da ya ja kunamar bindiga yana da mai shi.

Ta biyu ita ce kumbura adadi. Wasu masu zafin kishin ƙasa sun daɗe suna cewa mutum 200 aka kashe a Dubingiai. Wannan cin amanar mamatan ne. Da zarar an kama ka da ƙari, ɗaya ɓangaren zai yi watsi da ƙarin da ainihin gaba ɗaya. Sunaye 68 da za a iya tabbatarwa a rajistar coci sun fi 200 da ba su da suna ƙarfi.

A matakin gwamnati an yi tafiya mai nisa. Shugabannin ƙasashen biyu na lokacin, Lech Wałęsa na Polan da Algirdas Brazauskas na Lituwaniya, sun sa hannu a yarjejeniyar abota ranar 26 ga Afrilun 1994. A 2004 tsofaffin mayaƙan AK da na Vietinė rinktinė sun sa hannu a takardar sulhu a Vilnius, a zamanin Shugaba Valdas Adamkus na Lituwaniya. Yau ƙasashen biyu suna cikin NATO da Tarayyar Turai, kuma Polawa kusan 183,000 suna zaune a Lituwaniya bisa ƙidayar 2021.

Sai dai sulhun tsofaffin sojoji tsakanin masu bindiga ne. Waɗanda aka harbe a ƙofar gida ba su da wakili a teburin. Abin da zai yi musu adalci ba mai tsada ba ne: jerin sunaye guda ɗaya na ranakun 20 zuwa 27 ga Yuni, kowane suna da shekarunsa da ƙauyensa, a rubuce da harsunan biyu, a kafa kwafi ɗaya a Glitiškės ɗaya a Dubingiai, a kuma ambaci rukunin da ya yi kowane kisa da lambarsa, Bataliya ta 258 da Birged ta 5. Wakilin da zai kai furanni wuri ɗaya ya ƙarasa ɗayan a ranar, don ba su da nisa a mota.

Jerin ya zama ɗaya ne saboda in aka raba shi biyu akwai waɗanda ba za a san inda za a sa su ba. Cikin waɗanda mayaƙan AK suka harbe a Dubingiai don rama wa Polawa, akwai wata mata 'yar Polan da ƙaramin ɗanta.